Ƙasar da Mijina Ya Zana a Jikin Rumbuna

Mijina bai taɓa wuce Malumfashi ba, amma ya zana ƙasa guda, da garuruwanta da koginta, a jikin rumbuna. Na ce rumbuna don ni na ɗebo ruwan kwaɓa ƙasarsa, ni ce kuma na san ko dawar ciki za ta kai mu kaka. Shi bangon waje kawai ya sani. Ɗan kawuna ne, taubashina, don haka tsokanar da muka fara tun muna yara aure bai kashe ta ba, ɗaki ɗaya kawai ya ba ta.

Ƙasar tasa ba wadda ake takawa ba ce. Lokaci ya zana. Da farar ƙasa da jar ƙasa da gawayi ya ja kogi ya zagaye rumbun, kowace shekara ya yi mata gari a bakin ruwa. Ga garin shekarar fara, ko ganye babu. Ga na shekarar da mahara suka zo muka gudu kan dutse, ya yi masa ganuwa mai giɓi. Can gaba, inda ba a kai ba tukuna, ya kafa Gobe da Jibi da Baɗi. Wani malami matafiyi ya ce sunan irin wannan abu taswira. Ni dai sunan da na sa masa shi ne rashin aikin yi.

Kowa na ƙauyen yana ciki. Maƙwabcinmu da kullum aka kira gayya sai ya ce gobe zai zo, ya gina masa gida a Gobe har da jaki a ɗaure. Wata tsohuwa mai rantsuwa bayan fara aka haife ta, ya nuna mata bukkarta gari huɗu kafin farar, ta yi wata guda ba ta gaishe mu ba. Wanda ya rasu kuwa, ɗan ɗaki yake yi masa a garin shekararsa.

To, rumbu yaɓe yake so kafin ruwa ya sauka. Duk bazara sai mun yi wannan rigima. In ce zan yaɓe, ya ce in taɓa in gani. Sai shekarar da bangon ya tsage, tsaga har hannuna yana shiga.

Na ce, "Malam, dawarmu za ta ruɓe."

Ya leƙa ya ce, "Wannan ai sabon rafi ne. Bari in sa masa kada."

Ranar kasuwar Dayi, yana bada baya na kwaɓa ƙasa da makuba, ruwan ɓawon ɗorawa, na shafe abin tas, tun daga shekarar fara har Baɗi. Ban yi nadama ba, har yau ban yi ba. Mutum ba ya tuƙa tuwo da zane.

Da ya dawo bai yi faɗa ba, da ma faɗan ya yi. Sai ya bi gida gida yana shela cewa matarsa ta share shekaru, yanzu babu babba babu yaro, kowa yau aka haife shi. Ya sami wansa a zaure ya ƙi durƙusawa, wai sa'anni ne. Aka yi ta dariya, ni ma na dara, har sai da wata mata da yaronta ya rasu ta shigo ta tsaya gaban rumbun tana shafa sabon yaɓen. Ta ce, "Inna, ɗakin yarona fa a nan yake." Ranar tuwo bai shiga bakina ba.

Da yaɓen ya bushe mijina ya sake farawa, mutane na zaune suna gaya masa wa ya riga wa, ana musu har da rantse-rantse. Ni nake niƙa masa gawayi, ina ƙorafi. Ƙasar ta fito ta fi ta da faɗi. Shekara da shekaru bayan haka yara sukan zo a nuna musu garin da aka haife su.

Da sanyin wata shekara mijina ya kwanta, bai tashi ba. Bazara na zuwa rumbun ya sake tsagewa, a daidai wurin da. Babu mai hana ni yanzu. Na kwaɓa ƙasa, na jiƙa makuba, na cika hannuna na tsaya gaban bangon. Na daɗe a tsaye har ƙasar ta bushe a tafina. Sai na wanke hannu, na kira ƙannensa muka kwashe dawar dami dami zuwa rumbun wansa, na bar nawa fanko.

Damina uku ya yi yana tsaye da komai nasa. A ta huɗu, da tsakar rana ana ruwa, na ji rugugin faɗuwarsa daga madafa. Ko zangarniya ɗaya ban yi asara ba. Na zauna cikin ruwan na yi kukan da ban yi ba ranar da aka fita da gawar mijina.