Kuzar da Aka Nema a Ƙarƙashin Albasata

Ban yi boko ba, allon ma iyakata abin da zan yi salla da shi. Faɗa nake yi ana rubutawa, kuma na ce kada a gyara mini magana. Kalmar Turawa guda ɗaya na riƙe a duniya, ita ce bentos, kuma sai da na yi asarar fangali uku na albasa kafin in same ta. Shi ya sa ba ta fita daga kaina.

Abin ya faru 'yan shekaru kafin Turawa su tattara su tafi, lokacin ko zancen dam ɗin Bagauda ba a fara ba. Ƙauyenmu yana gefen Burumburum, in ka ɗauki hanyar Doguwa. Ruwanmu na rani tafki ɗaya ne a bayan gari, wanda rafi ke bar mana in ya janye. A bakinsa nake da lambu, gadon ubana, fangali takwas da jigo ɗaya. Albasar nan ita ce gishirina, ita ce man fitilata, ita ce zanen salla. Tun hantsi nake zama a gindin tsamiya ina kaɗi ina korar awaki, saboda haka ba abin da zai shiga tafkin nan ko ya fita ban gan shi ba.

Ranar wata Talata, albasa saura mako uku a cire, sai ga mai unguwa da baƙi biyu. Ɗaya Bature ne dogo, wuyansa ya yi ja kamar an yi masa ƙunshi. Ɗayan malamin duba-gari ne daga Kano, da gajeren wando da doguwar safa, shi ke yi masa tafinta. Suka ce ruwa suka zo dubawa saboda lafiyar jama'a. Baturen ya sa takalmin roba har cinya, ya sa safar hannu, ya ɗauki wata rariya da aka ɗaura a dogon itace, ya shiga. Ya kwaso laka daga ƙasa, ya juya ta a cikin ruwa, ya juye a farin faranti, ya sa hantsaki yana tsintar abubuwa yana jefawa a kwalba. Haka har azahar. Da za su tafi suka ce sai Talata mai zuwa.

To, maigidana ya taɓa yin rani uku a haƙar kuza a Riruwai. Abin da ya dawo da shi tari ne da buta ɗaya, amma tun daga nan duk abin da ke ƙarƙashin ƙasa shi ne malaminsa. Yana cikin mazan da suka tsaya kallo. Baƙi ba su gama ɓacewa ba ya juya ya ce, "Jama'a, kun ga yadda yake karkata hannu? Wankin kuza ne wannan. A Riruwai ma da suka fara zuwa cewa suka yi duwatsu suke kallo."

Wasu mutum huɗu da su ma suka taɓa cin ranin kuza suka ce wallahi haka ne, hannun nan hannun mai wankin kuza ne. Nan take aka yanke shawara: in aka bari Bature ya dawo da kamfani, lebura za a mai da su a kan tafkinsu. Gara su riga shi kwashewa. Kwana bakwai gare su.

Da na kai wa maigidana tuwo na ce, "Malam, ba kuza mutumin nan yake nema ba."

"Ke me kika sani a kuza?"

"Ban san kuza ba, amma na san zubarwa. Yashin yake zubarwa. Dodon koɗi yake tsincewa."

Ya yi mini dariyar da ake yi wa mai ƙaramin hankali. "Ai ya ga kin zuba masa ido ne. Dabara ce."

"Wato saboda ni ya taso tun daga Kano ya wuni yana tsintar dodon koɗi?"

"Ba ki san Bature ba," in ji shi, ya ci gaba da cin tuwonsa.

Washegari gari ya koma tafki. Ƙoren da muke tankaɗe da su, da na dama fura, duk suka ɓace daga gidaje. Maza tsirara sai bante, ruwa har ƙugu, kowa na juya laka yana karkata hannu yadda maigidana ya koya musu. Kafin kwana biyu ruwan ya koma kamar kunun kanwa da ya ƙone. In kin ɗebo sai kin ajiye shi wuni guda, sannan ki sha kina tauna. Abin da suke samu wani baƙin yashi ne mai ɗan nauyi da ke kwanciya a gindin ƙwarya. Gaba ɗayansu suka tara abin da bai fi tafi biyu ba, aka ba maigidana ajiya, ya tura ƙarƙashin gado ya ce ko shara kada in yi a wurin.

Da abin ya tsaya a ruwa da na ƙyale su, tunda wauta ba ta kashe babba a kwana bakwai. Amma ranar Juma'a maigidana ya ɗanɗana yashi a harshe, ya tofar, ya kalli gabas, ya ce jijiyar kuzar ta bi ta ƙarƙashin gaɓa. Gabas ɗin nan kuwa albasata ce. Bayan an sauko masallaci suka sa fartanya. Fangalin farko ya rufta cikin ruwa ina kallo, albasa tana yawo a sama kamar kawunan agwagi.

Na tafi wurin mai unguwa in kai ƙara. Na tarar da shi ya naɗe wando har gwiwa, yana ɓoye ƙwarya a bayansa. Na durƙusa na gaishe shi yadda ya kamata, na faɗi abin da ya kawo ni. Ya ce, "Ki yi haƙuri, uwar gida, abin na jama'a ne." Na ce, "Ranka ya daɗe, albasar ma jama'a ke ci." Ya ce zai duba. Na wuce wurin liman. Ya ce shi ba ruwansa da abin duniya, amma in na ga mutanen in tuna musu abin da aka haƙo a ƙasa akwai zakka a kansa.

Lahadi suka ci fangali na biyu, Litinin na uku. Saura biyar. Na lissafa, in Bature ya zo ya tafi bai ce komai ba, za su ce ai ga shi ya dawo, lallai akwai kuza, kafin wata Juma'a ko jigon ba za su bar mini ba. Magana kuwa na yi ta har bakina ya bushe. Mazan nan ba za su ji daga bakin mace ba. Sai dai su gani a fuskar Baturen da kansa.

Gindin tafkin nan ba baƙona ba ne. Tun ina yarinya nake kwaso ƙumba ta ruwa, mai ɓawo biyu, a can, in ƙona ɓawonta in yi allin da mai kaɗi ke shafawa a yatsa. Na san inda kowa ke kwana. Ranar Talata da sassafe na ɗaura rariyar tankaɗena a gora, na zaga can ƙarshen da ba su dagula ba, na yi ta kwasowa: dodon koɗi manya da ƙanana, masu tsini da masu faɗi, ƙumba, ƙaguwa biyu, matsattsaku, jajayen tsutsotsin laka, da wasu ƙwari masu jan ciki da ni ma ban san sunansu ba. Na zuba su a ƙwarya da ɗan ruwa. Da maigidana ya fita, na janyo tasa ƙwaryar daga ƙarƙashin gado. Na rufe kowacce da faifai.

Da Baturen ya ga tafkin sai ya ɗora hannu biyu a ka. Maza suka jeru a gaɓa, laka har gira, kowa ya ɓoye ƙwaryarsa. Malamin duba-gari ya ce, "Me ya sami ruwan nan?" Mai unguwa ya ce, "Yasa muke yi, malam. Jin kun ce lafiya, shi ne muka ce bari mu taimaka."

Nan na ratsa su na ajiye ƙoren biyu a gaban baƙon. Maigidana ya gane tasa, ya buɗe baki, ya tuna ba dama, ya rufe.

Na ce, "Malam duba-gari, gaya wa baƙonka ga tsaraba biyu. Ya ɗauki wadda ya zo nema."

"Inna, mene ne a ciki?"

"Ba da kai nake ba. Ya buɗe."

Baturen ya fara da ta yashi. Ya leƙa, ya sa yatsa ya motsa, ya ture ta gefe. Ya ɗaga faifai na biyu. Wallahi ban taɓa ganin babban mutum ya yi murna irin haka ba. Ya durƙusa a laka, ya cire hula, yana ta surutu da yarensu. Sai ya waiwaya yana neman abin da zai rarraba su a ciki. Idonsa ya faɗa kan ƙwaryar maigidana. Ya ɗauka, ya kife ta a tafki, ya ɗauraye, ya fara jera dodon koɗi a ciki. Aikin maza talatin na kwana shida. Wani a bayana ya ce, "Innalillahi." Ban waiwaya ba, amma na ji tarin maigidana ya tashi.

Baturen ya zagaya hannu a kan ƙwaryata ya faɗi kalmar nan, ya sake faɗa. Na ce me yake cewa? Malamin ya ce, "Cewa ya yi kin kawo masa bentos na tafkin nan kusan gaba ɗaya. Suna ne da masana suka sa wa duk halittar da zamanta yake a gindin ruwa, ko a kan laka, ko a cikinta, ko a manne da dutse. Har a teku haka ake kiransu."

Na nuna ƙaguwa na ce, "Wannan ce ke nan?"

"A'a, Inna. Ba a kiran guda ɗaya da shi. Sunan taronsu ne, yadda ba a ce wa mutum ɗaya jama'a."

"Ƙarfasa fa?"

"Ba ta ciki. Ita a tsakiyar ruwa take yawonta."

"Kwaɗo?"

"Shi ma a'a. Shiga da fita yake yi."

"To tarwaɗa fa, da kullum bakinta na cikin laka?"

Ya tambayi Baturen. Baturen ya karkata tafin hannu dama da hagu, ya yi dogon bayani. Malamin ya ce ita maƙwabciyarsu ce ta kusa, a wurinsu take kiwo, wasu na haɗa ta da su, wasu na ware ta. Na ce to ashe su ma ba su gama shiryawa a kai ba. Bai fassara wannan ba.

Mai unguwa ya yi gyaran murya ya ce, "Malam, don Allah, babu dai wani abu mai nauyi a ƙasan?" Malamin ya ce akwai. Maza suka matso. Ya ɗaga wani ɗan ƙaramin dodon koɗi da hantsaki ya ce wannan ne, a jikinsa ƙwayar tsargiya ke girma, ta fito cikin ruwa ta huda fatar mutum, ya wayi gari yana fitsarin jini. Shi ya sa Baturen ke sa roba. Sannan ya dubi layin daga wannan kai zuwa wancan ya ce, "Su wa suka shiga ruwan nan a makon nan?"

Kowa ya dubi jikin na kusa da shi. Laka ce ta amsa.

Malamin ya buɗe akwati ya fito da ƙananan kwalabe. Kowa aka ba shi ɗaya, aka ce ya zaga bayan kalgo ya kawo fitsarinsa. Na zauna a gindin tsamiyata na ɗauki mazari, ina kallon magidanta masu gemu suna dawowa ɗaya bayan ɗaya, kowa ya dunƙule kwalba a hannu yana kallon sama. Mai unguwa ya ɓoye tasa a hannun riga. Ni ma malamin ya miƙo mini ɗaya. Na dube shi, na ci gaba da dubansa, har ya mayar da ita aljihu. Bayan an cire albasa na taka da ƙafata zuwa ɗakin shan magani na Tudun Wada na kai tawa, ba wanda ya sani, don ni ma na san shekarun da na yi ina taka lakar nan.

Daga ranar ko a mafarki ba wanda ya ƙara ambatar kuza. Ƙorenmu suka dawo gida ɗaya ɗaya, ba a san wanda ya kawo su ba. Da la'asar na tarar da maigidana a tsakar gida ya yi tagumi. Na jingina masa fartanya a ƙafa.

Ya ce, "Ta mece ce?"

Na ce, "Gaɓa. Tunda kai ne ka san ƙasa."

Kwana tara ya yi yana cike ramin da suka haƙa, daga tudu yake tura ƙasa, ko ɗan yatsa bai yarda ya taɓa ruwa ba. Ina zaune ina nuna masa inda bai daddale ba. Fangali biyar suka tsira, suka kuma yi kai sosai. Ukun da suka rufta sai da shekara ta zagayo na sake dasa su, kuma shi ya ja jigon har aka cire.