Hannun Mai Ɗaukar Sauti

Duk shekarun da na yi ina haɗa shirye-shiryen talabijin a Kaduna, abokin tafiyata ɗaya ne, mai ɗaukar sauti, wani dogo mai surutun tsiya wanda aikinsa shi ne ya sa kowa ya yi shiru. Ni ke riƙe da kyamara, shi kuma yana bina da makirufo a kan sanda. Mun yi faɗa ya fi a ƙirga, yawanci a kan inuwarsa. A aikinmu, in mai sauti ya fito a hoto, hoton ya lalace, sai an sake. In daka masa tsawa ya matsa baya, ya matsa yana ƙunƙuni. Inda ya kuɓuce mini kuma, in datse shi wajen tace shirin. Har alfahari nake yi, wai aikina tsaf yake.

Bayan rasuwarsa da 'yan shekaru, babbar 'yarsa ta zo gidana a Unguwar Rimi. Muka gaisa, sannan ta faɗi abin da ya kawo ta.

"Baba, yarana ba su san shi ba. Ko akwai wani bidiyo da ya fito a ciki, ko yaya ne, in nuna musu?"

Na ce ta kwantar da hankalinta, mutumin da muka tsufa tare ai ba a rasa ba. Na kwashi tsofaffin kaset ɗina na kai wani shago a Doka aka juye mini su, na zauna ina kallo. Ga marina, ga mahauta, ga direbobin jirgin ƙasa, duk wanda muka taɓa tsayarwa a rana yana nan, ban da shi. Raina ya ɓaci ƙwarai, na rasa wanda zan yi wa faɗa.

Abin da na samu ɗaya ne. A hirar da muka yi da wani tsohon tela a Rigasa, hannu ya shigo daga gefe, ya gyara makirufo a wuyan rigar tsohon, ya fice.

Na kira ta na kunna mata. Ta ce in maimaita, na maimaita, ta matso har ta kusa taɓa gilashin talabijin ɗin.

"Baba, ba ka ɗan ɗaga kyamarar sama ba?"

Na ce mata ban ɗaga ba.