Duwatsun da Aka Wanke

Mai yanka duwatsu na ɗakin gwajin jami'a gajere ne, garin dutse ya cika masa gira, babban yatsansa na hagu babu farce. Uban yarinyar, wata ɗalibar nazarin duwatsu, bai taɓa ganinsa ba sai yau da ya kawo kwalin duwatsun da ta bari, kwana goma sha biyu da rasuwarta.

Mai yankan yana jujjuya dutse ɗaya, sai hannunsa ya tsaya cak.

"Malam, ina lambobin da ta rubuta a jiki?"

"Gwaggonta ce ta wanke su da soso. Wai kada a kai wa mutane kaya da datti."

"Innalillahi!" Ya zauna jagwab. "Wata huɗu tana hawan tsauni! Rabinsu daga ɓallin nahiya suke, wato guntun ƙasar da ya rabu da uwarsa, ya zo ya manne wa wata. Lambobin ne ke nuna baƙo da ɗan gida."

Uban ya bi shi da kallo. Wataƙila bai haifa ba, wataƙila ɗaliban ne 'ya'yansa.

"Ba gyara?"

"Zan yanka su in duba a madubin ƙara girma. Zan gane goma cikin sittin, in an yi sa'a."

"Sauran fa?"

"Sauran duwatsu ne kawai yanzu."

Ya ware goman da yake sa rai, ya rubuta sunanta a kan aljihun tebur. Uban ya rungumi sauran hamsin ɗin zuwa gida. Bai gaya wa gwaggon komai ba.