Ranar da Kakana Ya Jingine Sandar Majigi

Warin tsami ne ya tarbe ni da na buɗe gwangwanin, ranar da muke kwashe kaya daga tsohon gidanmu na unguwar Darrasa zuwa Madinat Nasr, a nan Masar. Fim ɗin majigin kakana ne, ya narke ya manne. Jikata ta toshe hanci ta ce, "Khalas, shi ke nan, Kaka, a zubar."

Kai mai karatu, ba ka riski majigi marar murya ba. Mutane na motsa baki ba a jin kome, sai baƙin allo ya fito da rubutu, sa'an nan a ci gaba. Da gashin baki ake gane mugu. In labari ya ƙare, hoton ya tsuke har ya zama ɗigo, ya mutu.

Kakana, wanda ya baro ƙasar Hausa a ƙafa domin hajji ya zauna a Masar, shi ne muryar mutanen majigin. Kowace Juma'a bayan La'asar akan toshe taga da bargo, ɗaki ya cika da ɗalibai Hausawa da 'yan'uwanmu na Sudan. Baffana na juya hannun na'ura, kakana kuwa na tsaye gefen farin zane da sandarsa, yana ba kowa magana da Hausa. Kowa ya ɗauka allon yake karantawa. Nan girmansa yake.

Rubutun allon kuwa da Faransanci yake. Shekarar da na soma Faransanci a makaranta, aka zo inda mace ta rungume wani mutum. Kakana ya nuna da sanda ya ce, "Wanta ne ya komo daga doguwar tafiya."

Na miƙe na ce, "Ba haka aka rubuta ba! Masoyinta ne!"

Aka tuntsire da dariya. Wani ɗalibi ya ce, "Ashe Alhaji bai iya karatun ba!" Kakana bai tsawata mini ba. Ya jingine sandar, ya ce, "To, malam, ƙarasa musu." Na ƙarasa, ina in'ina. Har ya rasu bai sake tsayawa gefen zanen ba.

Kwanan baya jikata ta nuna mini irin majigin nan a wayarta, an fassara kowane allo daidai. Na kalla har ɗigon ya mutu. Babu wani wa da ya komo daga doguwar tafiya.

An zubar da gwangwanin. Sandar ce nake dogarawa yanzu, kuma ban cancance ta ba.