Goggon Japan da Ta Kori Ɗaliban Likita Daga Kaina

Fiye da shekara ashirin ina ɓoye wannan labari, ko 'ya'yana rabi suka sani. Yau dai bakina ya buɗe.

A 1998 na bi maigidana birnin Guangzhou na ƙasar Sin, inda yake karatu. Wata safiya ina wanka na ji ƙullutu kamar gyaɗa a nonona na hagu. Na yi gum, har ya kai girman goro.

A asibiti aka ɗebi jini, aka ɗauki hoto, aka ba ni gado. Washegari sai ga likita da ɗalibai maza takwas, wai in buɗe ƙirji su gani. Na ƙanƙame mayafina, na ce da maigida, "Malam, gara in mutu a rufe." Kwana uku yana lallashi, ni kuwa har na haɗa jakata.

A gadon kusa da ni akwai wata 'yar Japan, za ta kai hamsin, an yi mata aikin hanji. Goggo nake ce mata, muna hira da guntun Turancinmu. Ta ce tun tana 'yar ashirin ta shiga fim a ƙasarsu, irin wanda ake tuɓewa a gaban kyamara. Shekara goma sha biyar tana yi. Da kaset ɗin bidiyo ya kashe musu kasuwar sinima ta bari, ta yi aure, aikin miji ya kawo su Guangzhou.

Wallahi sai da na janye kofina daga kusa da nata.

Ta gani sarai, ta yi dariya tana dafe ɗinkinta. Ta ce, "Ni da tuɓewa ce sana'ata, ban taɓa yarda 'yan kallo su tsaya ba. Darakta, mai kyamara, da mace ɗaya riƙe da rigata. Sauran waje. Ke marar lafiya, wa ya hana ki faɗin haka?"

Da likita ya dawo, Goggo ta tashi zaune ta zazzaga masa Sinanci kamar mai korar kaji. Ɗalibai suka fice sumsum. Ta sa nas ta ja labule ta lulluɓe ni da zanen gado, faɗin tafin hannu kaɗai aka bari. "Kalli fanka, ki yi ta addu'arki," in ji ta. Minti biyar aka gama.

Ciwon daji ne. Na yi kuka, na ji tsoro. Likita ya ce, "An kama shi da wuri." Aka yi aiki, wata shida ina shan magani, gashina ya zube ya dawo har ya fi na da. Bayan nan na haifi uku, alhamdulillah.

Na gode wa Allah, na gode wa Malam. Goggo, ko tana raye ban sani ba, amma kullum tana bakina.

'Yan uwana mata, in kun ji ƙullutu kada ku jira. Ku nemi labule, ku nemi mace ta tsaya, ku ce 'yan kallo su fita, haƙƙinku ne. Ni saura ƙiris kunya ta mayar da ni gida, da yau babu mai ba ku wannan labari.