Sunan Mai Ɗakin Gabas

Shekara uku na yi ina bin gidajen malamai a cikin birnin Zariya, ina neman waƙoƙin ajami da matan da suka rubuta, ashe wadda za ta fi ba ni wahala tana cikin gidanmu a Limancin Kona. A gafakar marigayi kakanmu na tsince ta: warƙa goma sha ɗaya, gara ta ɗan ci gefe, waƙar wa'azi ce ga mata a kan tsarki da salla. A ƙarshenta mai kwafa ya zauna ya rattaba sunansa, da na ubansa, da na malaminsa. Ita kuwa mai waƙar, abin da ta samu kawai shi ne "ta iyalin Malam". Wallahi ranar sai da na yi tsaki ni kaɗai a zaure.

Malamin da ke duba aikina a jami'a yana haɗa littafin waƙoƙin mata da za a kai maɗaba'a. Ya karanta, ya yaba, sannan ya ce in kawo suna kafin ƙarshen zango. In babu, za a sa ta ƙarƙashin sunan mijinta, kamar yadda aka yi wa da yawa.

Mutum ɗaya ya rage a duniya da ya san sunan, ita ce Kaka, mahaifiyar babana. Lokacin da aka kawo ta gidan, ta tarar da mai waƙar da ranta, tsohuwa makauniya, kakar mijinta ce, kowa na kiranta Mai Ɗakin Gabas. Kaka ce ke kai mata ruwan alwala, a bakinta ta haddace waƙar. Na karanta wa Kaka baiti biyu, ta karɓe ta ƙarasa har ƙarshe, ba tuntuɓe. Na ce to madalla, saura suna. Ta kalle ni sama da ƙasa.

"Wannan miji nawa ba shi da ta ido. Ni ce zan kama sunan surukata? Tashi ka ba ni wuri."

Ba dabarar da ban yi ba. Na kawo goro fari, ta karɓe ta ce Allah ya yi albarka. Na ce ta rubuta tunda ta iya ajami, ta ce hannu ma ya san kunya. Na ce zan riƙa jero sunayen mata, in na zo kansa ta ɗaga gira kawai, ta jefe ni da mafici. Tun muna yi da dariya har dariyar ta ƙare. Ni mutum ne mai saurin hawa, wata rana na ce mata wannan kunyar tasu ce ta binne matan nan tun kafin ƙasa ta rufe su. Ta ci gaba da jan carbinta.

Gwaggona ce ta ja ni gefe ta faɗa mini abin da ban sani ba. 'Yar farin Kaka, sunan tsohuwar aka sa mata, kuma ba ta yi arba'in a duniya ba. Waɗanda suka halarci taron sunan duk sun rasu, su babana ma da aka haifa daga baya ba su taɓa jin an ambata ba. Wato sunan suruka ne, kuma sunan 'yar fari. Mai hankali a nan zai tsaya. Ni ban tsaya ba, zango na ƙarewa, na riƙa zuwa ina zama a bakin ƙofarta ina sauke ajiyar zuciya don ta ji.

Wata Laraba da hantsi ta aika a kira ni. Ta sallami matan gida, ta sa na saki labule, ta ce in ɗauko birona, sau ɗaya za ta faɗa, kuma kada in kalle ta. Na sunkuyar da kai, na ɗora biro a takarda.

Na ji ta ja numfashi. Shiru. Ta yi gyaran murya, ta sake ja. Da shirun ya yi yawa na ɗago, na ga leɓenta na motsi, idonta na yawo a rufin ɗaki. Na shiga jero sunaye, duk wanda na sani da wanda na taɓa gani a takarda. Wani ta girgiza kai, wani ta yi jim sannan ta girgiza.

"Na ɗauka yana nan," in ji ta. "Shekara saba'in ban taɓa shi ba, na ɗauka yana nan inda na ajiye. Ni fa na haife ta."

An buga littafin. Na yi ta rigima har aka yarda ba a sa sunan mijin ba, aka rubuta Mai Ɗakin Gabas. Mutane sun taya ni murna, ni kuwa ban ji daɗin komai ba, har yau ba na son buɗe shafin.

Kaka ta ƙara damina biyu. Matar da ba ta taɓa yin zancen 'yar nan ba, sai ga shi duk tsohuwar da ta shigo gaisuwa, daga Kusfa ko daga ƙauye, kafin ta gama zama Kaka ta riƙe mata hannu tana tambaya ko ta je sunan 'yarta ta fari, ko ta tuna abin da aka raɗa mata.