Kukan Da Ba Wanda Ya Yarda Da Shi

A lokacin ni budurwa ce 'yar Roni mai rawar kai, tun ina makarantar kwana a Kazaure ba a wasan kwaikwayo sai da ni. Daga nan na faɗa harkar fim a Kano, kuma ba abin da ya ɗaga ni sai kuka. Wallahi ko albasa ba na nema, darakta na ɗaga hannu sai hawaye. Dangi na ta zunɗena, amma Inna, mahaifiyata, takan sa a kunna mata fim ɗina a waya, ta tara maƙwabta su ga 'yarta.

Dokar wurin aikinmu ita ce kowa ya kashe waya har a tashi. Na san Inna na kwance, har ta aiko in zo, na ce sai mun gama. Ran nan kuwa fim ɗin da muke ɗauka uwa ce ta rasu a ciki, ni ce 'yar. Na yi birgima a ƙasa, na yi kururuwa, aka tafa mini. Da la'asar na kunna waya, sai ga kiran yayana rututu. Ashe tun da hantsi Inna ta cika. Kafin mota ta sauke ni a Kazaure in hau acaɓa zuwa Roni, an daɗe da kai ta makwancinta.

Ina shiga gida na zube a ƙofar ɗakinta, wani kuka ya ƙwace mini wanda ban taɓa yin irinsa ba. Ba wadda ta taso ta riƙe ni. Ina jin wata a bayana tana cewa ai dama sana'arta ce. Can Gwaggo ta dafa kafaɗata, a hankali ta ce in tashi haka nan, nan babu kyamara. Kai, wannan magana ta ci ni! Har aka yi sadakar bakwai, bayan rumbu nake laɓewa in yi kukana ni kaɗai.

Ban ce sana'ar laifi ba ce, har yau da ita nake ci. Amma 'yan'uwana masu sha'awar fim, idan uwa ta aiko, ku ajiye komai ku tafi, darakta zai iya sake ɗauka gobe. Ni dai mutum ɗaya ce duk duniya take bambance kukana na gaskiya da na wasa, ita ce kuma na bari tana jirana.